Ƙafafun Sufeto Burhan

Mutum uku ne suka taɓa fitowa a matsayin Sufeto Burhan, amma ƙafafunsa na mutum ɗaya ne, kuma mutumin yana nan a unguwar Shubra da ke Alƙahira, kullum da hantsi yana shan shayi a ƙofar shagon askin Girgis. Usta Fikri ke nan, Usta kuwa laƙabin gwanin sana'a ne a can. Shekararsa saba'in da huɗu, kuma ko sau ɗaya fuskarsa ba ta taɓa fitowa a majigi ba.

Aikinsa sai an gama ɗaukar fim yake farawa. Na'urar ɗaukar magana ba ta kama takun ƙafa yadda ya kamata, don haka sai a shigar da mutum wani ɗaki mai kaurin bango, a haska masa fim ɗin ba sauti, shi kuma ya tsaya gaban makirfo yana takawa daidai da ɗan wasan. Abin da Fikri ya yi ke nan tun yana ɗan shekara goma sha tara. Ya yi sukuwar doki da ƙoƙon kwakwa, ya yi naushi da jiƙaƙƙen tawul, ya karya wuyan mugaye da yawa da karas. Duk wannan dai aiki ne kawai. Burhan ne rayuwarsa.

Wa bai san Burhan ba a Masar? Tun yana cikin 'yan littattafan nan masu jan bango da ake sayarwa a tashar jirgin ƙasa mutane suka haddace shi: ɗan sandan ciki mai harsashi a cinya, wanda ba ya gudu, ba ya ɗaga murya. Mai laifi zai zagaye Alƙahira da gudu, Burhan yana biye da shi a hankali, ƙwas, shuu, ƙwas, shuu, har ya tarar da shi ya gaji ya zauna.

Ra'afat Nashid ne ya fara yin sa, zamanin fim marar kala. Kyakkyawa ne, dogo, mata suna suma a kansa, amma Allah ya yi shi da mantuwa. In an ɗauki fitowa uku, ta huɗu sai ya manta da ɗingishin gaba ɗaya ya miƙe tsaf. Fikri ne ke cusa ɗingishin a kunnen mutane har idonsu ya rantse ya gani. Da kala ta zo sai aka kawo Sabri Mansi, ƙato mai tumbi, yana tafiya kamar agwagwa ta ƙoshi. Fikri ya rage masa nauyi da takalmi marar dunduniya, har masu sharhi a jarida suka yi ta yabon sanɗar Sabri. Sanɗar Sabri! Mutumin da in ya hau bene sai an ji a titi.

Amma wanda Fikri ya fi so shi ne Lutfi Ƙabbani, na talabijin, wanda aka yi ta nunawa azumi bakwai a jere. Kai, wancan zamani! Da an sha ruwa, an kwashe kwanuka, sai Shubra ta yi tsit. Fikri yakan fito da gangan ya bi layinsu shi kaɗai, kowace taga a buɗe, kowace taga tana fitar da takunsa. Gida ɗari, ƙafa ɗaya. Washegari yara su cika lungu suna jan ƙafa, uwayensu suna ƙwala musu kira su daina kafin su cinye takalman makaranta. Ba wanda ya san shi ne, ban da matarsa Zinat da Girgis da 'yan wasu. Hakan bai dame shi ba ko kaɗan.

Lutfi ya rasu, aka rufe maganar Burhan shekara ashirin da wani abu. Sai ran nan waya ta yi ƙara a aljihun Fikri yana tsakiyar wasan tawla, irin darar can, da Girgis.

Shahira ce, 'yar marigayi Abdul-Malak wanda ya riƙe na'urar ɗaukar sauti a duk fina-finan Burhan. Ta gaji aikin ubanta. Fikri ya san ta tun tana rarrafe tsakanin wayoyi, shi ya sa take ce masa Ammu, wato baffa.

"Ammu Fikri, Burhan zai dawo. Kashi talatin, azumi mai zuwa."

Fikri ya ajiye 'ya'yan tawlar.

"Amma ka saurara," in ji ta. "Samartakarsa za a yi. Kafin harsashin. Yaro ne ɗan shekara ashirin da biyar, lafiyarsa lau, ba ɗingishi. Darakta yana so ya ciro takun daga kwamfuta, an riga an tara dubbai a ciki. Na yi ta faɗa da shi har ya ba ni kwana ɗaya. Ran Talata. In ya ji ya gamsu, aikin naka ne. In bai gamsu ba..."

"Zai gamsu."

Ya kashe wayar ya dubi Girgis, fuskarsa kamar ta ango. Girgis ya ji komai, don Fikri ba ya waya sai da ƙarfi.

"Ba ɗingishi, ta ce?"

"Ba ɗingishi."

Girgis ya dubi ƙafafun abokinsa, ya dubi almakashinsa. Shekaru ke nan Fikri yana jan ƙafa a unguwa, kuma duk wanda ya yi masa sannu amsa ɗaya yake samu.

"Me kake kallo?" in ji Fikri. "Na sha gaya maka, wannan na aro ne. Na Burhan ne, jiki ya saba. Duk ranar da na ga dama zan ajiye shi."

"Aro shekara hamsin? Mai shi bai zo karɓa ba?"

"Kai dai yi askinka. Mutumin da ya shekara arba'in yana yi wa masu sanƙo gyaran fuska shi zai koya mini tafiya?"

Girgis ya yi dariya, ya sake zuba masa shayi.

Ran Talata tun da asuba Fikri ya jawo tsohon akwatinsa daga ƙarƙashin gado. Takalma ƙafa goma sha ɗaya ne a ciki, kowanne a naɗe cikin jarida. Ya zaɓi baƙi mai siririyar dunduniya, wanda ya taɓa yi wa wani saurayi ɓarawon agogo amfani da shi, ya zauna yana goge shi. Zinat ta fito daga kicin da burodi cike da wake da tumatir, ta naɗe ta tura masa a aljihun kwat.

"Ka hau tasi," in ji ta.

"Tasi! Ni minista ne?"

"Fikri."

"Na'am, ranki ya daɗe."

Ta buɗe baki, ta rufe. Ta gyara masa kwalar riga wadda ba ta bukatar gyara.

"Allah ya sa a dace," kawai ta ce.

Bas biyu ya hau, akwatin a hannu, kafin ya isa hanyar da ke zuwa dalar Masar, inda ɗakunan fim suke. Ginin yana nan, amma an yi masa fenti fari, an sa masa ƙofar gilashi da mai gadi wanda ya nemi katin shaida. Katin shaida, wurin da Fikri ya zubar da gumin shekara arba'in! Da Shahira ba ta fito da gudu ba, da an ji su.

Ɗakin dai bai canja sosai ba, kuma wannan ya sanyaya masa rai. Ga ramukan nan huɗu a ƙasa yadda ya bar su: ɗaya tayil, ɗaya katako, ɗaya tsakuwa, ɗaya yashi. Ga ƙofar nan da ba ta kai ko'ina, wadda aka kafa don a riƙa buɗewa ana rufewa. Har warin ma yana nan, na ƙura da tsohuwar darduma. Ya durƙusa da ƙyar ya shafa katakon. Akwai wani ɗan kwari a tsakiyarsa da dunduniyarsa ta haƙa. Ƙwalla ta cika masa ido, ya ce ƙura ce.

Darakta ya shigo. Ustaz Midhat, matashi ne mai ladabi, da gemu ɗan tsirit da waya biyu a hannu. Ya riƙe hannun Fikri da hannu biyu.

"Usta, da takunka na girma. Mahaifiyata sai da ta dake ni a kan takalmi saboda kai."

"Allah ya yi mata albarka. Da ta ƙara."

Aka yi dariya. Midhat da Shahira suka shige ɗan ɗakinsu na bayan gilashi. Shahira ta leƙo da abin sawa a kunne.

"Ammu, ga wannan, ka riƙa jin kanka."

"Ajiye kayanki. Ubanki ya yi shekara talatin yana miƙo mini wannan abin."

Haka yake tun farko. Wanda ya koya masa aikin ya hana shi sauraron kansa, wai mai sauraron ƙafarsa sai ya fara yi mata gyara, in ya fara gyara kuma tafiyar ta zama ƙarya. Fikri bai taɓa jin takunsa ba sai fim ya fito. Kuma ba ya kallon ƙafar ɗan wasa. Kafaɗa yake kallo, don ita ke fara motsi kafin ƙafa ta sani.

Aka kashe fitila, allo ya haskaka. Ga sabon Burhan: siriri, gashi a kwance, ido kamar na mage. Yana shiga wani dogon zaure na ofishin 'yan sanda, ranar farko a bakin aiki. Fikri ya kalli fitowar sau biyu bai motsa ba. Shekara hamsin yana ɗauke da mutumin nan gurgu, bai taɓa tunanin cewa ya taɓa zama yaro mai ƙafa biyu ba.

"Mu je," ya ce.

Ya taka. Taku goma sha takwas a kan tayil, a tsaye wuri ɗaya, idonsa a kafaɗar yaron. Ya ji kansa wasai kamar iska za ta ɗauke shi. Da fitowar ta ƙare ya juya ga gilashin. Shahira ta sunkuyar da kai tana taɓa maɓallai.

"Mu sake, Ammu. Laifina ne, makirfon ya yi nisa."

Suka sake. Suka koma kan katako, Burhan yana hawa bene bibbiyu. Suka koma tsakuwa, yana bin wani da sauri a bakin kogi. Kowace fitowa sai Shahira ta sami dalili: waya ta motsa, mota ta wuce, ita ce ba ta danna da wuri ba. Fikri ya fara jin haushi. Abdul-Malak, Allah ya ji ƙansa, bai taɓa sa shi ya maimaita abu sau biyar ba. Gwiwarsa tana zafi, amma ai kowa gwiwarsa na zafi in ya yi awa uku a tsaye.

Da azahar aka ce a huta. Fikri ya fita tsakar gida ya yi salla, ya zauna a inuwa ya ci burodinsa. Ya sha shayi wurin mai gadin nan, wanda ashe ɗan Shubra ne, har suka gano sun san mutane ɗaya. Ya dawo da wuri, yana ɗan waƙa ƙasa-ƙasa.

Ƙofar ɗakin gilashin a buɗe take kaɗan. Daga ciki taku ke fitowa ta lasifika, a kan tayil, ba hoto. Fikri ya tsaya. Wato abin da suke yi ke nan a bayan idonsa, suna gwada na kwamfutar! Ya karkata kai ya saurara, irin sauraron da ya sa a da daraktoci ke kiransa su yi caca da shi: a saka masa takun mutum, ya faɗi shekarunsa da nauyinsa da abin da ke damunsa. Taku shida ya ishe shi. Ya tura ƙofar yana dariya.

"Haba, Ustaz Midhat! Wannan ne kayan kwamfutar taka? Wannan za ka sa wa yaro ɗan ashirin da biyar?"

Midhat ya miƙe. Shahira ta kai hannu za ta kashe.

"A'a, bar shi, bar shi, 'yata, bari in karanta muku shi. Wannan tsoho ne, ya haura saba'in. Ji nan. Gwiwarsa ta dama ta gama aiki, ba ya yarda ya ɗora mata nauyi, yana sauke ta yana ɗaukewa kamar ya taka garwashi. Kuma ji wani abin dariyar: ɓoyewa yake yi! Yana sauri da ta hagun don kada a gane. Miskini. Tsoron ƙasa yake ji. Wannan ba mai bin ɓarawo ba ne, mai neman kujera ne. Ina kuka samo shi, don Allah? Asibitin ƙashi?"

Ba wanda ya yi dariya. Midhat yana kallon wayoyinsa duka biyu. Shahira ta rufe bakinta da hannu, hawaye na bin yatsunta.

Takun ya ci gaba. Goma sha shida, goma sha bakwai, goma sha takwas. Sai ɗan shiru. Sai wata murya ta fito daga lasifikar, tana haki, cike da jin daɗi: "Yaya, 'yar Abdul-Malak? Kin ji aiki?"

Fikri ya san muryar.

Ya nemi kujera, Midhat ya turo masa da sauri, ya zauna. Ya daɗe yana kallon baƙin takalmin da ya goge da asuba.

"Burhan da hagu yake ɗingishi," ya ce a hankali, ba da kowa yake ba.

"Da hagu, Ammu."

"Sake saka mini."

"Ammu, don Allah..."

"Sake saka mini, na ce."

Ta saka. Ya rufe ido ya saurara har ƙarshe, yana neman wurin da zai ce ya yi kuskuren karatu. Babu. Duk abin da ya faɗa daidai ne, bai taɓa karanta taku da kyau haka ba.

Midhat ya gyara murya. Ya ce akwai sauran ayyuka da yawa, ƙofofi, kofuna, takardu, dawakai ma akwai a kashi na tara, kuma za a rubuta sunan Usta da manyan baƙaƙe a farkon kowane kashi. Da zuciya ɗaya ya faɗa, kuma wannan ne ya fi ciwo.

"Na gode, ɗana. Saka mini na kwamfutar in ji."

Shahira ta nemo ta haɗa da hoton. Yaron ya shigo zauren, ƙwas, ƙwas, ƙwas, ƙwas, tsaf-tsaf, kowane taku kamar ɗan'uwansa.

"Ba kowa a cikin takalmin nan," in ji Fikri. "Amma ƙafarsa biyu." Ya juya ga Shahira. "Ki jinkirta na bakwai da na takwas kaɗan. Nan ne ya hango ƙofar shugabansa, gabansa ya faɗi. Dubi kafaɗarsa. Kin gani?"

"Na gani."

"To. Kada ki bar shi ya shiga kamar gidan ubansa."

Ya cire baƙin takalmin ya naɗe a jarida, ya sa nasa. Shahira ta ce za ta kai shi gida a motarta, ya ƙi. Ta ce to akwatin, ya ce ta bar shi a nan, wataƙila wata rana a sami mai ƙafa. Ta rungume shi tana kuka kamar ranar jana'izar ubanta, shi yana bubbuga bayanta yana cewa ya isa, ya isa, sai ka ce ita aka kora.

Tasi ya hau. Ya sa aka sauke shi ta bayan layi don kada ya bi ta gaban shagon Girgis.

Gidansu a hawa na huɗu yake. Ya kama ƙarfen bene ya fara hawa, kuma yanzu da kunnensa ya buɗe ya ƙi rufuwa. Kowane mataki yana jin tsohon nan na lasifika yana biye da shi. A hawa na biyu ya tsaya, ya zauna a kan matakala, abin da bai taɓa yi ba tunda suka tare a gidan.

Can sama ƙofa ta buɗe. Silifa suka fara saukowa. Zinat ta bayyana da gari a hannunta, ko mayafi ba ta tsaya ɗauka ba.

"Na ji ka tsaya," ta ce.

Ta dubi hannunsa ba akwati. Ba ta tambaya ba. Ta zauna kusa da shi a kan matakalar.

"Zinat, tun yaushe?"

Ba ta yi kamar ba ta gane ba.

"Shekara tara. Tun sanyin da ka faɗi a bakin masallaci."

"Shekara tara! Kina kallona ina cika baki a unguwa?"

"Ina kallonka."

"Girgis ya sani?"

"Girgis, da mai burodi, da mai kawo gas. Har likitan da ke hawa na ɗaya ya tare ni sau biyu."

"Ba wanda ya iya buɗe baki ya gaya mini?"

"Ka ce na Burhan ne," in ji Zinat. "In ka faɗa fuskarka har haske take yi. Wa zai karɓe maka? Ni dai ban iya ba, Fikri. Yau da safe na so, wallahi na so, na kasa."

Wani gida a ƙasa an kunna talabijin, ana tallar sabulu. Fikri ya so ya yi fushi, ya laluba ko'ina a ransa bai samu ba, sai kunya da gajiya da son matar nan.

"Tana ciwo," ya ce. "Sosai take ciwo, Zinat. Kullum."

"Na sani. Tashi, miya na kan wuta."

Ta miƙe ta tsaya ta damansa. Ya dubi sauran matakalan, sannan ya ɗora hannu a kafaɗarta ya tashi. Nauyin da ya sakar mata ya ba ta tsoro, amma ta cije, suka fara hawa.